Bazazzagi Zai Yanki Lasisin Dillanci

Labari ya iso mu Kano, ya Bazazzagi bawana, wai ka ajiye alli za ka shiga dillancin gidaje da filaye. Muka ce madalla, yaron nan zai fara taɓa kuɗi. Sai aka ƙara da cewa ka rantse ba za ka nuna wa kowa ko kango ba sai ka yanki lasisi. Nan majalisa ta kwashe da dariya. Wato ku Zage-zagi ko dillancin ma sai kun rubuta masa jarrabawa?

To tunda takarda kake so, gyara zama in karanta maka kyauta, don ubangida ba ya karɓar la'ada a hannun bawansa. Lasisin da dokar tarayya ta sani na masu ƙiyasta darajar gidaje da filaye ne, hukumar ESVARBON ke bayarwa, wadda dokar soja mai lamba 24 ta 1975 ta kafa. Ba a yankarsa kamar rasit ɗin kasuwa. Sai ka yi digiri ko babbar difloma a fannin, ka zauna ƙarƙashin wanda ya riga ka yana aikenka, ka haye jarrabawar ƙungiyarsu ta NIESV, sannan a titsiye ka da tambayoyi kafin a miƙo hatimi. Da wannan furfurar taka, ranar da zai fito sai dai jikoki su buga maka shi. In kuwa ka nace, akwai sashen a Jami'ar Bayero. Zo, ba ma hana bayi kwanan soro.

In irin namu kake nufi, haɗa mai saye da mai sayarwa, Legas ce ta kafa LASRERA ta ce dillalai su yi rajista. Ka tafi can in za ka iya. Abin da zai tare ka a nan shi ne rajistar kamfani a CAC, sai takardar SCUML, sashen EFCC mai sa ido kan halasta kuɗin haram, wadda banki zai nema kafin ya buɗe wa kamfanin asusu. Dokar yaƙi da halasta kuɗin haram ta 2022 ta kuma hana mutum biya ko karɓar tsabar da ta haura naira miliyan 5 ba ta banki ba. Wannan kam kwantar da hankalinka. Yaushe Bazazzagi ya ga miliyan 5 wuri ɗaya?

Yanzu ga karatun gaske. Ka kai Alhaji ganin fuloti na awon igiya a bayan gari, ya zaga, ya taka kusurwa, ya taya, mai fili ya ce albarka, aka ja aka ja har ya sallama. Kana cikin lissafin la'adarka a zuci sai ga 'yan kayi-nayi sun ɓullo daga gindin darbejiya. Wannan shi ya ji labarin filin, wancan shi ya ba da lambar waya, na ukun ƙanin matar mai fili ne, na huɗun kuwa babur ɗinsa aka hau. Ɗaga musu satifiket ka gani ko za su bar maka sisi.

Ko a kawo maka gidan gado a cikin birnin Zariya, irin naku mai zaure uku da magada ashirin. Babban wa ya karɓi kafin alƙalami ya yi hidimar biki da shi, ashe akwai wata gwaggo a Kaduna da ba a shawarta ba. Ran da ta sauka a Ƙofar Doka, kai za a fara kira gaban alƙali. Na san ka, a nan za ka miƙe ka gyara tabarau, ka kawo Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978, ka bayyana cewa filin birni amana ne a hannun gwamna kuma cinikin mai shaidar mallaka ba ya cika sai da yardarsa. Gaskiya ka faɗa, sai dai tun kafin kuɗi su fita ya kamata ka je hukumar filaye ta KADGIS ka duba fayil, ka zauna da mai unguwa, ka ƙirga magada ɗaya bayan ɗaya har da na goye.

Saboda haka ga shawarar iyayen gidanka. Ka zo Kano in haɗa ka da wani dattijon dillali a Rijiyar Zaki, ka yi shekara kana riƙe masa bakin igiya, ba ka magana sai an tambaye ka. Na san wannan sharaɗin na ƙarshe shi zai kashe ka. Watan Cika-ciki ka taho da tsintsiyarka, kuɗin shara kuma a la'adarka ta farko za a cira.