Masu Zagaye Faranti a Bikin Bakin Iyaka

Daga Bagudo zuwa Illo, daga Ka'oje zuwa Lolo da Tsamiya, biki ba ya cika sai dangi sun tsallako daga Binin. Su zo da wagashi da dogon burodi, mu tarye su da waina da kilishi da soyayyen kifin Kwara. Abincin kam bai taɓa faɗa da juna a faranti ba. Abin kallo na wajen masu zagaye farantin.

Akwai ɗan canji. Tun da ya fara zuwa kasuwar Malanbil ya daina ganin abinci, sai farashi. Ya ɗauki tsinken tsire, ya lissafa shi da sefa, ya mayar da shi naira, ya girgiza kai don tausayin mai gida, sannan ya ci huɗu.

Akwai mai cewa, "Wallahi a ƙoshe nake, ɗanɗanawa kawai zan yi." Idan ya zauna kusa da kai, janye farantinka.

Akwai mai kishin shinkafar gida. Tun rufe iyakar da aka yi a watan Agustan 2019 ya naɗa kansa jami'in kwastan na walima. Sai ya ɗauki ƙwaya ɗaya ya ɗaga ta sama: "Wannan ta Kebbi ce ko 'yar Kwatano?" Ya yi huɗuba a kan manoman fadama, kuma ko wace amsa aka ba shi, zai nemi ƙari.

Sai gwanata, Hajiya mai gwaji. Allah Ya ba ta hannun girki, sai Ya jarrabe mu da ba ta waya. A TikTok ta ga Rashawa na yin blini, su ɗora masa kirim da ƙwan kifi. Ta kuma ga Habashawa na shimfiɗa injera ta garin tef, su zuba mata miya mai yajin berbere. Nan take ta ƙudura sai ta haɗa ƙasashen biyu a bikin 'yar ƙanwarta. Babu tef a kasuwar Bagudo, sai ta jiƙa shinkafar tuwo. Babu ƙwan kifin Rasha, sai ta aika bakin kogi a samo mata na tarwaɗa. A madadin kirim ta sa kindirmo, a madadin berbere ta barbaɗa yajin tsire. Ta yanka abin ƙanana-ƙanana, ta soke kowane da tsinken sakace, ta jera a tire. Wata tsohuwa ta juya ɗaya gaba da baya, ta kai baki, ta ce, "Ɗiyata, wannan ai sinasir ne, sai dai ya sha wahala."

Ba ta tsaya nan ba. Ta zuba zoɓo a kofin gilashi mai dogon wuya, ta bi shi da lamurje, ta tsiyaya nono a kai don launi ya hau kan launi, ta maƙala yankan lemon tsami a baki. Tsamin zoɓo bai san da wannan yarjejeniya ba: kafin a kai wa baƙi, nonon ya tsinke, ƙanƙarar da ta sa ta narke. Kuma Hajiya ba ta miƙa maka ta wuce. Tsayawa take a kanka, hannu a ƙugu, tana bin maƙogwaronka da ido. "To, Yaya, ya ka ji?" Ka ce, "Ma sha Allah, ba a magana." Kuskuren ke nan, don yanzu za ta ƙara maka. Duk da haka ba na ƙin gayyatarta, domin cikin gwaji goma takan dace da ɗaya: ita ta fara soya mana wagashi ta mulmule shi da ƙuli, har yau ana roƙonta.

Baba dattijo kuwa ya taɓa jin labarin sodabi, giyar mutanen kudancin Binin, don haka duk kofi mai dogon wuya abin tuhuma ne. Ya shinshina, ya tambaya sau uku ko an sa wani abu, ya ce a dama masa fura.

'Yan hoto ba sa bari a taɓa tire sai waina ta huce.

Duk waɗannan na yafe musu. Wadda ban yafe wa ba ita ce mai leda. Ba yunwa ke damunta ba, da makullin mota a hannu take shigowa. Ta san sarai dangin ango na kan hanya daga Segbana, sun sha ƙura, sun tsaya a shinge bayan shinge. Kafin su yi sallama ta juye dambun nama da alkaki a jaka, ta ce wa yaro ya kai mota. Baƙi su iso bayan la'asar, uwar biki da ta ci bashi ta yi hidimar nan ta tsaya tana kame-kame, ana aika yara neman lemon kwalba. Kunyar da ta bari a gidan ba ta ƙarewa da biki, har ƙetare ake kai labarinta. Wannan ba kwaɗayi ba ne, rashin mutunci ne.

Akwai dai wani da kan zauna dab da tiren kilishi, da biro a aljihu, wai nazarin halayen jama'a yake yi don rubutu. Matan gida sun gano shi. Yanzu da ya yi sallama ake sa yaro ya tsaya a kan tiren.