Wani Malami na Madarumfa

Kaburburan waliyyai 99 ne a kewayen tafkin Madarumfa, waɗanda Nijar ta gabatar wa UNESCO a 2006. Amma malamin da aka fi ambato a rumfar mai shayi ba ya cikinsu, don har yau bai mutu ba, ba a kuma haife shi ba. Sunansa Wani Malami.

Shi ne ya hango zuwan salula tun kafin Turawa su iso Maraɗi, sai dai almajiransa ba su tuna da maganar ba sai da salular ta shigo kasuwa. Jiya ma sun tuno cewa ya taɓa ambaton intanet.

A adabi yana da dangi. Malam Zurƙe na Ruwan Bagaja, littafin Abubakar Imam na 1934, da alama ɗalibinsa ne, ko da yake shi Zurƙe yana da uba. Da Umaru Dembo ya tura yaro sararin sama a Tauraruwa Mai Wutsiya a 1969, almajiran suka ce ai darasin malaminsu ne aka kwafa.

Littattafansa kuwa gara ta cinye, sai fatawoyinsa da ke fitowa sababbi fil a WhatsApp kowace Juma'a.