Gizo da Takardar Ɗan Asali

In ka kifa tsohon benci a Lafia ka ga ƙunshin ƙwai mai ƙayoyi cikin yana a hargitse, ƙila gidan gizon da ake kira Latrodectus geometricus ne. Danginsa, Theridiidae, sun haura iri 2,000, kuma alamarsu wani ɗan mataji ne a ƙafafun baya, da shi suke yaɓa wa ƙwaro zare. Ga mataji, amma dubi gidan! Wani Bajamushe, Koch, ya raɗa masa suna a 1841 daga samfurin Kolombiya, alhali masana da dama na ganin Afirka ce tushensa. Da zai je sakatariyar ƙaramar hukuma neman takardar ɗan asali, cewa za a yi ya dawo da mai unguwarsu.