Gizo a Ƙasar Hatimi

Ga ta nan, ga ta nanku.

Wata shekara damina ta yi gardama, gero ya bushe tun bai fid da kai ba. Gizo ya bi gafiya cikin kogon kuka, matarsa Ƙoƙi na riƙe da wutsiyar rigarsa tana cewa ya dawo. Ƙafarsa ta zame. Suka yi ta gangarawa har suka faɗo wata ƙasa fara fat, shimfiɗe kamar allon da aka wanke.

A ƙasar nan babu fartanya, babu guga. Kome da alƙalami ake yi. A zana da'ira a ƙasa, rijiya ta buɗe. A ja layi uku, kunya ta tashi da gero a kanta. A zana ƙaho biyu, saniya ta miƙe tana kaɗa wutsiya. Ita kanta ƙasar a kan hatimi ɗaya take zaune, an zana shi a jikin dutse a ƙofar fadar Zaki. Gida tara ne, uku-uku, kowane gida unguwa guda, kowace unguwa da lambarta daga 1 zuwa 9. Fada ce a tsakiya, lambarta 5. Ka ƙirga a kwance, ka ƙirga a tsaye, ka ƙirga a karkace, 15 za ka samu. Dila malamin daji shi ne mai riƙe da alƙalami, kuma ba ya tsoma shi a kurtu sai ya yi lissafi.

Gizo ya faɗi a gaban Zaki ya yi gaisuwa. "Yanka ya daɗe, manyan dawa, baƙo ne mai neman abin yi." Aka ba shi aikin dakan gawayi da jiƙa ƙaro, shi ne mai haɗa tawada. Ranar farko Kunkuru ya ja shi gefe. "Yaro, tawadar nan ba ta haihuwa. Abin da ka zana a nan, daga wani wuri take ɗauko shi." Gizo ya ce ya ji, ya gode. Da dare ya cika ɗan ƙoƙo ya sa a hula.

Ya zana rumbu a bayan ɗaki. Rumbu ya tsaya, cike har baki. Da safe aka ji Zomo na kururuwa a unguwa ta biyu, wai rumbunsa ya tashi ya bar duwatsun gindi. Gizo ya je jaje, har da hawaye. Daren ya zana saniya. Washegari Kura ta zo tana jan igiya babu kome a ƙarshenta, tana shinshina, har hanci ya kai ta ƙofar Gizo.

"Kuye," in ji Gizo, "me za ki yi da saniya ɗaya mai cin ciyawa? Ga abin da ke kawo nama ba farauta." Ya sayar mata da tawada cikin cokali, ta bar masa saniyar. Kura ba ta da haƙurin zana dabba sukutum. Cinya kawai ta zana, guda biyu, manya. Tawada ta duba cinyar da ta fi kusa ta ɗauko. Kura ta cinye, ta lashe baki, ta tashi za ta tafi, sai ta ga bayanta ya zauna ƙasa. Tun ranar take tafiya gaba a sama, baya a ƙasa.

Ƙara ta yi yawa a fada. Wannan rijiyarsa ta ɓace, wancan ya kwana a ɗaki ya farka a fili. Zaki ya ce a binciko ɓarawo. Ya duba wanda ya fi kowa kuka a wurin jaje, ya ɗora shi a kan binciken. Gizo ya yi kwana da kwanaki yana zagaya unguwanni ana ba shi fura. Ya dawo ya ce laifin na Dila ne, hannunsa ya tsufa. Aka karɓe alƙalami aka miƙa wa Gizo.

Sai ya matsa kusa da kunnen Zaki. "Yanka ya daɗe, ina dalilin da unguwar su Ɓera za ta ci 9, fada na cin 5? Ɗigo ɗaya ne kawai." Ai kun san sifili a lissafin malamai ɗigo ne. A ɗiga shi kusa da 5, ya zama 50. Zaki ya shafa geza, ya yi shiru irin na manya, wanda ba a'a ba ne.

Ƙoƙi ta ji labari. Ta zauna da tsakuwa tana ƙirgawa kamar mai ƙidayar ƙosai. "Maigida, duk gidajen nan tara in ka tara su 45 ne. Ina za a samo 50?" Ya ce lissafin mata a bakin murhu yake ƙarewa. Ya tsoma alƙalami ya ɗiga.

Ƙasa ta girgiza. Rumbuna suka taso ta sama suna sauka a fada. Shanu suka biyo, rijiyoyi suka biyo, Zaki na murmushi. Amma tawada ba ta tsince. Juji ya zo, sauro ya zo, kunamu da macizai suka zo, masai na unguwa takwas suka jeru a zaure. Daga ƙarshe mutanen unguwannin suka zubo, kowa da yunwarsa, Bushiya a kan shimfiɗar sarki. Hatimi ya ƙirga 45, saura biyar. Ya waiwayi mai alƙalami. Ya kwashe abin da Gizo ya tara, bai cika ba. Ya zuƙe tumbinsa har ƙugu ya koma kamar zare, ya haɗa da naman jikin Ƙoƙi, wadda ba ta ci ba ba ta sha ba.

Zaki ya yi ruri ya ce a kawo masa shugaban bincike. Gizo ya kama bango ya haye rufin ɗaki. Alƙalami ya faɗi a hanya, tawada ta zube, amma sana'a ba ta bar shi ba. Ya zaro zare daga cikinsa ya ja layi a kwance, ya ja a tsaye, ya ja a karkace, ya zauna a gidan tsakiya. Ƙoƙi na ƙasa ta ɗaga hannu biyu tana roƙonsa ya sauko. Ya ce ta dakata, ga wani ƙuda nan tafe.

Ƙurunƙus kan ɗan ɓera.