Kora 19, ci babu

A wasan besbol na Amurka, mai sanda ya kuskure ƙwallo sau uku, mai jifa ya kore shi ke nan, sai benci. A 1969 Steve Carlton na St. Louis Cardinals ya kori 'yan New York Mets har 19 a wasa ɗaya, bajintar da ta shiga tarihi. To, amma wani ɗan Mets, Ron Swoboda, bai samu labarin ana kafa tarihi ba. Sau biyu yana maka ƙwallon can bayan katanga, Mets suka ci 4 da 3. Carlton ya tafi gida da kirari, su kuma da nasara. Roger Clemens da ya kori 20 a 1986 ya fi shi wayo, ya haɗa har da cin wasan.