Manomin Waya

Ɗan ƙanwata a Zabori, wanda da an ambaci fartanya sai ciwon kai ya taso masa, yanzu babban manomi ne a wasan Minecraft. Tun azahar yake yawon daji a wayar da aka sayo masa a Gaya, yana shuka alkama hankali kwance, fiyanon makaɗin wasan, Bajamushen nan C418, na ɗiga ɗaya-ɗaya kamar indararo bayan ruwa ya ɗauke.

Na ce, "Kai yaro, ciyawa ta cinye geronmu."

Ya ce, "Kawu, ai gonarku ba kiɗa."

Kakarsa ta kasa kunne jim kaɗan, ta ce, "Wannan makaɗin bai karya kumallo ba. A kira mai gangar noma, mu ga ko ciwon kan zai jure."