Sarkin Raƙuman Belbeji

Ni dai tun ina yaro, gara a mare ni da a yi mini dariya. Ga shi Allah ya yi ni Babarbare, wanda Bafulatani ke da izinin tsokanarsa tun kaka da kakanni. Har UNESCO ta sa wannan wasan taubasantaka na Nijar cikin kayan gadon duniya a 2014, ba ta ko nemi shawarata ba.

Bayan girbin gero aka gayyace ni biki a wani ƙauye gaba da Belbeji. Na taso daga Damagaram, na kwana Tanut, na naɗa rawani har bisa hanci don kada a gane ɗan birni ne. A Belbeji wani dattijon Buzu ya ce, "Malam, ka iya raƙumi, ko a nemo maka amalanke?" Yara na kallo. Na ce ai kakana madugu ne.

Raƙumi da ƙafafun baya yake fara miƙewa. Wannan ilimi na same shi ne hancina na kan ƙahon sirdi. Da ya daidaita, na ɗora ƙafa a wuyansa yadda na ga ana yi, shi kuwa ya ɗauki hanyar da ya saba: rijiya. Can Fulani ke shayar da shanu.

Ya sha ya ƙoshi, ya tsaya ƙyam. Ban san yadda ake gurfanar da shi ba, tambaya kuma ta fi ƙarfina.

"Bawana, sauko ka ja mini guga mana," in ji wani Bafulatani, don ya gane ni tun daga sallama.

Na ce ina duba yanayin ƙasa ne.

Na duba ƙasar Damargu tun azahar har la'asar ta yi sanyi, ƙishirwa na cina, ruwa na zuba a ƙarƙashina. Daga bisani wata yarinya da ba ta kai shekara goma ba ta ja akala, ta yi wani ɗan sauti da baki, raƙumi ya durƙusa. Ni kuma na riga shi isa ƙasa.

A amalanken jaki na isa biki, an riga an kai amarya. Sarautar da Fulanin suka naɗa mini kuwa ta riga ni komawa Damagaram, yanzu har mai shayin unguwarmu sai ya ce, "Ranka ya daɗe, Sarkin Raƙuma."